Ragowar Farantin Girish

"Roti!" Babuji ya ƙwala kira daga tsakar gida, bai ko ɗaga kai daga farantinsa ba.

Na fizgo roti, 'yar gurasarmu, daga kan wuta ya kumbura tim, na shafa masa man shanu, na miƙa wa Sunaina. Ta ja gefen sarinta, dogon zanen da muke naɗawa, ta rufe fuska, ta fita da cikinta na wata bakwai a gaba. A gidan nan ba a tara roti a kwano a kai wa maza. Ɗaya-ɗaya ake kaiwa yana tururi, domin surukinmu Babuji ya ce roti da ya huce abincin ɗan kurkuku ne. Ni ke gasawa, ita ke zirga-zirga. Maza uku ne a kan tabarma: Babuji, da mijina uban Shalu, da ƙaninsa Girish, mijin Sunaina. Uwarsu Maaji tana tsugune a gabansu, mafici a hannu ɗaya, ludayi a ɗaya, tana korar ƙuda tana ƙara miya.

Ni kuwa idona yana kan tukunya. Na tsufa a kicin ɗin nan, har na aurar da 'yata tilo Shalu, kuma abin da na fi ƙwarewa a kai shi ne kallon dal, miyar wakenmu, tana sauka. Ludayin Babuji, ludayin babban ɗa, autan kuwa sai ya yi ta cewa ya isa kafin uwarsa ta ji. Kindirmo ya riga ya ƙare. Dankali saura ɗan abin da ya maƙale a gefen kasko.

Da Sunaina ta dawo, sai ta dafa ƙyauren kicin ta tsaya, ido a rufe. Didi take kirana, wato yaya.

"Didi, ƙasa ce ke juyawa ko ni ce?"

"Ke ce. Zauna a kan buhun nan."

Ba ta kai ga zama ba aka sake kira. Ta miƙo hannu ta karɓi roti, na ga faratanta farare fat, kamar ba jini a jikinta.

Sai da maza suka yi gyatsa, suka wanke hannu, suka koma shagon yadi, sannan Maaji ta shigo ta leƙa tukunya, ta tsiyaya mata ruwan zafi ta juya. Miyarmu ke nan. Muka zauna a ƙasan kicin. Na jawo farantin mijina, Sunaina ta jawo na Girish, yadda aka san kowace matar kirki tana yi, muka zuba a kan abin da suka rage. Shi Girish ba ya rage komai. Lafiyayye ne, har da yatsa yake suɗe faranti.

Da yamma na kama ta a bayan tankin ruwa, ta fasa ɗan kofin shayi na ƙasa tana gutsura tana taunawa kamar alewa.

"Ke! Me nake gani haka?"

"Didi, kar ki faɗa wa kowa. Raina ne ke so, ban san dalili ba."

Ni na san dalili. Na karɓe na jefar, na ce gobe za mu ga likita ko da Maaji za ta tara mini unguwa.

* * *

Likitar wata gajeriyar mace ce mai faɗa. Ta duba takardar gwaji, ta dube ni ta saman tabarau.

"Ke ce babbar gidan? Wa ke ba yarinyar nan abinci?"

"Tana ci tare da mu."

"To ku ɗin me kuke ci? Jininta ya yi ƙasa ƙwarai. In haihuwa ta zo mata a haka, ko ta zubar da jini kaɗan, ba ita ba, ba ɗan ba. Kin ji ni ko in maimaita?"

Ta lissafa alayyafo, da madara, da gyaɗa, da mazarƙwaila, da rumman. Ta ba mu jajayen ƙwayoyin ƙarin jini, ta ce a sha kullum. Muka hau babur mai ƙafa uku muka dawo, ina riƙe da ƙwayoyin a tafina har suka yi gumi.

Maaji ta karɓa ta ɗaga su ga haske.

"Waɗannan jajayen? Na san su. Su ne ke kumbura ɗa a ciki har ya ƙi fita, sai an farke mace kamar kabewa. Kuma ya fito baƙi ƙirin."

"Maaji, likita ce fa ta ce."

"Ita likitar 'ya'ya nawa ta haifa? Ni biyar na haifa, biyu suka tsaya, ban taɓa haɗiye ƙwaya ba. Mai ciki ta ci kaɗan, ɗa ya zo da sauƙi. Haka uwar mijina ta koya mini."

Biyar, biyu suka tsaya. Ta faɗa a matsayin hujja, ko a jikinta. Ta kai ƙwayoyin ɗakin ajiya, inda madara da man shanu da mazarƙwaila suke, ta kulle, ta mayar da makulli ƙugunta.

Abin da ke ƙona mini rai shi ne Maaji ba muguwa ba ce. Da muguwa ce da na san yadda zan yi da ita. Ita ce ke shafa wa Sunaina mai a ƙafa in sun kumbura. Ita ta ɗaura mata baƙin zare a hannu saboda kambun baka. Kullum asuba tana gaban abin bautarta tana roƙon jika namiji, tunda ni mace na ba ta. Kuma a cikinmu mu uku, ita ce ke ci a ƙarshe, wani lokacin a tsaye, roti da gishiri.

Na gwada uban Shalu. Ya leƙo ta saman jarida.

"Wannan ai harkar kicin ce. Ni na taɓa hana wani ci a gidan nan? Akwai abin da ba na saukewa?"

"Kana saukewa. Ku kuma kuna kwashewa."

"Bakin nan naki, Urmila, shi zai kashe ki."

Ya koma wa jaridarsa.

* * *

Girish na samu da safe yana wanke babur ɗinsa. Tsakanina da shi akwai wasa, tun yana da majina a hanci aka kawo ni gidan. Bhabhi yake kirana, wato matar yaya.

"Ango, sannu da hidima. Babur ɗin nan dai ya fi matarka samun mai."

"Bhabhi, da sassafe? Me kuma na yi?"

"Tambaya ɗaya gare ni. Ka taɓa ganin matarka tana cin abinci?"

Ya tuntsire da dariya. "Wace irin tambaya ce wannan? Tana ci mana."

"Cewa na yi ka taɓa gani? Da idanun nan naka masu kama da na maraƙi?"

Ruwa na ta zuba daga bokiti a kan ƙafarsa.

"Ranar aurenmu na ba ta alewa a baki," ya ce a hankali.

"Sannu da ƙoƙari. To ita take ta lasa har yau."

Na zayyana masa abin da likita ta ce, ban rage komai ba, har da kofin ƙasa. Fuskarsa ta canza. Yana son matarsa, wannan ban taɓa shakka ba. Ba mugu ba ne shi ma, makaho ne kawai, irin makantar wanda tun haihuwarsa bai taɓa ganin gindin tukunya ba.

"Zan yi wa Maa magana."

"Ka ce mata me? Matata ta riga ubana ci? Kai da ko ƙafa ba ka iya harɗewa a gaban yayanka?"

Ya yi ta murza tsumma. Can sai idonsa ya kawo haske.

"Bhabhi, ba a farantina take ci ba? To shi ke nan. In karɓi duk abin da aka zuba, in ci rabi, in tashi. Wa zai ce na yi laifi?"

Na dube shi, na ce ashe akwai abu a cikin kan nan ban da man gashi.

Ranar farko abin ya yi. Ya bar roti biyu sharkaf da man shanu, da kindirmo, da cuku a miyar alayyafo. Sunaina ta jawo farantin ta gani, ta dube ni, ta sunkuyar da kai. Ta ci ba ta ɗago ba, hawaye na ɗiga a hannunta. Kashegari ma haka. Na fara jin numfashina yana dawowa.

Ashe mun manta da mai mafici.

"Autana ba ya ci," Maaji ta ce, ta ɗora tafi a goshinsa. "Ina ke maka ciwo?"

"Ƙalau nake, Maa. Na ƙoshi ne."

"Ka ƙoshi da me? Kai da nake ɓoye maka tukunya? Wa ya yi miyar nan?"

"Ni ce, Maaji," in ji Sunaina daga bayan ƙyaure.

"Na sani ai. Tun da aka kawo ki yaron nan ke zubewa."

A ranar Maaji ta kewaya kansa da busasshen barkono da gishiri ta watsa a wuta, wai ido ne ya kama shi, muka yi ta tari gida guda. Daga nan ta daina tsugunawa a gaban maza uku, ta koma gabansa shi kaɗai. Ta yanki roti da hannunta ta kai masa baki. In ya kau da kai sai ta sa kuka.

"In ba ka cinye ba, ni ma ba abin da zai shiga bakina yau. Ka kashe ni ka huta."

Ya cinye. Wane ɗa ne zai iya da hawayen uwarsa a gaban ubansa? Yana tauna yana satar kallon ƙofar kicin, ni ina kallonsa ta tsagar ƙyaure, kamar in fita in kife tiren a kansu duka. 'Yar madarar da ake rage mana ta shayi ta koma kofin Girish, da dakakkiyar gyaɗar almon a ciki. Man shanun da kan taɓa rotinmu jefi-jefi ya koma alewar da ake tuƙa masa don ya dawo da jiki. Ya dawo da shi kuwa, har wando ya matse shi. Faranti ya koma zuwa mana tas, tukunya kuma ta ƙara raguwa.

Na rasa inda zan sa kaina. Na roƙi mazarƙwaila a maƙwabta na ɓoye cikin kayan wanki, na soya gyaɗa a ɓoye ina cusa mata a tafi. Abin da ake ci a ɓoye a tsaye nawa yake? Ko wanke-wanke nake yi, kunnena yana kan bene, ina sauraron yadda take tsayawa a kowace matakala tana haki. Na riƙa ce wa kaina bari dai a yi bikin cika cinya da ake yi wa mai ciki, daga nan iyayenta za su ɗauke ta ta haihu a gida, uwarta ta ciyar da ita.

* * *

Ranar bikin aka tashi da zafi irin na gab da damina, wuta kuma ta ɗauke tun safe. Doka ce mai ciki ba ta ɗanɗana komai sai an gama addu'a, shi kuwa pandit, malamin da zai yi addu'ar, ya duba taurarinsa ya ce sa'a mai kyau sai rana ta take. Bai ma iso ba sai da ta karkata, wai wani gida ne ya riƙe shi da abinci.

Aka zaunar da Sunaina a kujera a tsakar gida, cikin koren sari, awarwaro har gwiwar hannu. Mata suka kewaye ta da waƙa da tafi da tsiya.

"Kai, amaryar Girish ta yi haske! Dubi fuska kamar madara."

"Ai farin uwa alamar namiji ne."

"Ko biyu ne? Yaron nan ba ya wasa!"

Aka bushe da dariya. Ni na san hasken mene ne, na ciji leɓe.

Ɗaya bayan ɗaya matan aure suka zo suna zuba mata a cinya. Kwakwa, shinkafa, ayaba, dabino, almon, rumman jajaye manya, alewar madara. Duk abin da likita ta lissafa, har da wanda ba ta lissafa ba, ga shi nan tuli a cinyarta, ba halin ta kai ko ƙwaya ɗaya baki. A waje ƙarƙashin rumfa an fara zuba wa baƙi maza, ƙamshi na shigowa. Na ga maƙogwaronta yana motsi.

Na matsa kamar zan gyara mata lulluɓi, na ɓalli ayaba ɗaya. Wata gwaggon mijina ta make mini hannu.

"Ke Urmila, da girmanki? Kayan albarka ne, sai an kai gaban abin bauta tukuna."

"Gwaggo, tun jiya rabonta da abinci."

"Mu da aka yi mana namu mun mutu ne?"

Sai aka ce ta tashi ta taɓa ƙafafun manya. Ta tattara bakin sarinta da nauyin da ke ciki, ta miƙe da ƙyar, ta taka zuwa wurin Babuji. Ta sunkuya ta taɓa ƙafarsa, ya ɗora hannu a kanta yana sa albarka. Ya gama, ya janye hannu, ita ba ta ɗago ba. Rumman suka fara gangarowa ɗaya-ɗaya suna bin tsakar gida. Sai ta kife. A bayan koren sarin na ga wani duhu yana faɗaɗa, waƙa ta tsaya.

* * *

A asibiti suka shige da ita da gudu. Jim kaɗan wata ma'aikaciyar jinya ta fito.

"Jini muke so yanzu. Namu bai isa ba. Ina danginta?"

Girish ya yi gaba, Maaji ta cafke rigarsa.

"Ba ɗana ba! Yaron da bai daɗe da tashi daga rashin cin abinci ba? Jinin namiji in ya fita ba ya dawowa."

"Maa, sake ni."

"Ni a ɗebi nawa," na ce, na riga su shiga.

Ta soki yatsata ta gwada, ta ja fatar idona ƙasa, ta girgiza kai.

"Baiwar Allah, ke ma ƙari ya kamata a yi miki. Tashi."

Gwaggon da ta make mini hannu ta shigo, aka sallame ta. Matar maƙwabcinmu ta shigo, aka sallame ta. Sai ga Maaji ta kutso, ta zauna, ta naɗe hannun rigarta, ta miƙa ɗan siririn dantsenta.

"Ɗebi nawa. Ɗebe duka in kina so, ki bar mini yaro."

Ma'aikaciyar ba ta ma ɗauki allura ba. Ta juya tafin Maaji ta duba, ta ja fatar idonta, ta sassauta murya.

"Mama, yaushe rabonki da ki ci ki ƙoshi?"

Maaji ta zuba mata ido kamar da wani yare aka yi mata magana. Na jira amsa, don Maaji ba ta taɓa rasa amsa ba. Sai ta janye hannunta ta sauke hannun rigar.

A lokacin Girish ya riga ya kwanta a gadon gefe. Jininsa ya fito ja wur, ya cika leda kafin a ce me. Aka kira yayansa, shi ma haka. Ma'aikaciyar ta ɗaga ledojin ta ce ta daɗe ba ta ga jini mai kyau irin wannan ba, ta tambaya ko duk gida ɗaya muka fito.

Sun ceto Sunaina. Ɗan kuwa an ciro shi bai yi kuka ba. Namiji ne. Da ya rayu, da wata rana shi za a fara zuba wa.

* * *

Kashegari maza suka naɗe shi a farin ƙyalle suka tafi da jaririn bakin kogi don yi masa jana'iza. Mata ba sa zuwa. Na zauna a gefen gadon Sunaina ina kallon jinin mijinta yana ɗiga cikin hannunta, raina a dagule, na rasa wanda zan huce a kansa.

Wajen tsakar rana Maaji ta shigo da kwanon abinci mai hawa-hawa. Gidan da aka yi rashi ba a hura wuta, don haka a murhun maƙwabta ta je ta dafa, da hannunta. Ta jawo teburin gado, ta jera: dal mai kauri, alayyafo, shinkafa, roti yana ƙyallin man shanu. Ta kwance bakin sarinta ta fito da jajayen ƙwayoyin nan ta ajiye a gefe, ba ta dubi kowa ba.

"Ci, 'yata," ta ce. Muryarta ta dishe.

Na tallafo Sunaina ta jingina da filo. Ta dubi abincin, ta dubi ƙofa.

"Mazan sun dawo?"

"Ba su dawo ba tukuna," in ji Maaji.

Sunaina ta mayar da hannunta ƙarƙashin mayafi.

"Ke dai ci," na ce. "Maaji, sa mata a baki."

Maaji ta yanki roti ta dangwali miya ta ɗaga. Hannun ya kai rabin hanya ya tsaya, ita ma ta waiga ƙofa. Na yi nufin in karɓa in ba ta da kaina, sai na ji ni ma kunnena yana waje, ina sauraron takun maza.

Muka zauna mu uku da abinci a tsakaninmu, babu wadda ta san yadda ake farawa.